Haifaffen Zariya a Kan Ƙanƙara

A Yamai, ƙanƙara abin saye ce. Idan bazara ta kankama a watan Afrilu, ko azumi ya faɗo cikin zafi, ƴan dako da maƙeran kasuwar Katako sukan sayi ƙullinta a leda, su lulluɓe da buhu don kada ta narke kafin a sha ruwa. Saboda haka da wuya mutumin wannan kasuwa ya yarda cewa akwai ƙasashen da ake daskarar da fili sukutum, a hau shi da takalma masu kaifin ƙarfe, a yi wasa a kansa har a ci abinci da shi. Amma akwai wasan, sunansa hokin ƙanƙara, kuma wani haifaffen ƙasar Hausa ya yi wannan sana'a har ya taka babbar gasarta ta duniya.

Sunansa Rumun Ndur. An haife shi a Zariya a shekarar 1975, ya tashi a Hearst, wani ƙaramin gari a arewacin lardin Ontariyo na Kanada, inda yawancin mutane Faransanci suke yi, hunturu kuma yakan ɗauki kusan rabin shekara. A irin wannan gari, yaron da bai iya tsayuwa kan ƙanƙara ba ya zama saniyar ware. Ndur ya iya. Ya yi wasan matasa a kulob ɗin Guelph Storm, kuma a 1994 kulob ɗin Buffalo Sabres ya zaɓe shi, shi ne na 69 a jerin matasan da aka ɗauka a shekarar. A 1996 yana cikin ƴan wasan Rochester Americans da suka ci Kofin Calder na gasa mai daraja ta biyu. A kakar 1996-1997 ya fara bugawa a gasar NHL, ya zama mutum na farko haifaffen Nijeriya da ya yi haka, shekara kusan 40 bayan Willie O'Ree ya zama baƙar fata na farko a gasar a 1958.

Kafin a auna abin da ya yi, sai an san aikin da aka ɗora masa. Kowane ɓangare yana da mutum 6 a fili: mai tsaron raga, ƴan gaba 3, da ƴan baya 2. Ana wasan ne da sanduna da wani ɗan faifan baƙar roba mai tauri, zango 3 na minti 20-20. Ɗan baya yakan yi gudu da baya-baya yana fuskantar mai kawo hari, ya tare shi da kafaɗa, ya matse shi jikin katangar fili, wani lokaci ya shimfiɗa jikinsa gaban faifan da aka narko da ƙarfi. Daɗin daɗawa, a gasannin Amurka da Kanada ba a cika korar masu dambe daga wasa ba, hukuncin minti 5 ne a wajen fili. Don haka kulob-kulob na wancan zamani sukan ajiye ƙato guda wanda aikinsa shi ne ya rama wa gwanayensu idan an taɓa su. Ndur ɗan baya ne, kuma wannan kaya na biyu ma a kansa aka aza.

Lissafinsa a NHL gajere ne. Ya buga wasa 69 tsakanin Buffalo, da New York Rangers a kakar 1998-1999, da sabon kulob ɗin Atlanta Thrashers a kakar 1999-2000. Ya ci ƙwallo 2, ya taimaka an ci 3, an hukunta shi na minti 137, wato fiye da tsawon wasa biyu cikakku yana zaune yana kallo. Mai duba takarda kawai zai ce abin bai taka kara ya karya ba. Sai dai takarda ba ta da gurbin rubuta ƙwallon da aka hana, ko raunin da wani bai ji ba saboda akwai mai tsaya masa.

Masu sana'a a Katako ba sa bukatar a yi musu dogon bayani a kan wannan. A can ake narka tsofaffin gwangwanaye da ɓaraguzan injuna a zuba tukwanen da gidajen Yamai suke girki da su. Ranar biki ana yabon mai girki da mai gida, ba a tambayar wanda ya sha hayaƙi ya zuba tukunyar. Haka ma a filin ƙwallon unguwa: yara suna rububin zama ƴan gaba, suna kiran sunan Moussa Maazou tun zuwan Mena gasar cin kofin Afirka a 2012, baya kuwa akan tura wa wanda ya makara.

Akwai kuma gefen labarin da bai kamata a lulluɓe ba. Wanda aka ɗauka saboda ƙarfinsa, ƙarfin nan kaɗai ake tuna shi da shi. Bayan 2000 Ndur bai sake komawa NHL ba. Ya ci gaba da neman abinci a ƙananan gasanni, ya je Graz a Ostiriya, a 2004 ya shiga Danbury Trashers, kulob ɗin da ya yi suna wajen faɗa kuma ya rushe a 2006 bayan an kama mai shi, sannan ya wuce Coventry a Ingila. A Danbury aka yayata laƙabinsa mai ma'anar mugun mafarki daga Nijeriya, kuma da wannan fuska yawancin masu kallo suka san shi a shirin Netflix na 2021 a kan kulob ɗin. Ƙasar haihuwarsa ta zama abin tallar tsoro ga ƴan kallo, alhali shi mutum ne da ya shafe ƙuruciyarsa yana koyon sana'a mai wuya.

Wannan ya shafi matasan Nijar da ke mafarkin fita waje ta hanyar wasa. Labarin da ke iso musu na waɗanda suka yi fice ne, amma rayuwar yawancin ƴan wasa ta fi kama da ta Ndur: ƴan shekaru a sama, shekaru masu yawa ana ƙulla kaya daga gari zuwa gari, kwantiragin kaka guda, da jikin da ke tara ciwo. Wannan ba abin kunya ba ne, sana'a ce, kuma mai shigarta ya cancanci a gaya masa tsawonta da farashinta tun da wuri. Iyaye da malamai su ne na farko da wannan nauyi ya hau kansu, kafin yaro ya ajiye allo da alli ya bi ƙwallo.