Wa Ya Kamata Ya Faɗi?

Tun ina yaro a Kaikai nake son wasan da ke ba mutane dariya ba tare da an ce uffan ba. A tashe na fara ganinsa. Daga goma ga watan azumi, yaro zai manna gemun auduga, ya dogara sanda, ya riƙa tangaɗi kamar tsoho tukuf. Kafin ya buɗe baki, gida ya kaure da dariya.

Da na shiga sakandare, wani malaminmu ya nuna mana gajerun finafinan Charlie Chaplin, sai na ga ashe Turawa ma suna da irin nasu. An haifi Chaplin a Landan a 1889, ya tashi cikin talauci, ya fara fim a Amurka a 1914. A lokacin fim ba ya magana, sai a 1927 masu magana suka fara karɓuwa. Saboda haka da jiki ake isar da saƙo: tuntuɓe, santsi, guje-guje da 'yan sanda. A fim ɗin One Week na 1920, bangon gida ya faɗo wa Buster Keaton, amma ya tsira saboda yana tsaye daidai inda taga take. Sai da aka auna wurin tsaf kafin a ɗauka.

Abin da na lura da shi shi ne, ɗan wasan da kansa yake faɗuwa, da saninsa, bayan ya sha gwaji. Haka marigayi Rabilu Musa Ibro, wanda ya rasu a 2014: kansa yake mayarwa abin dariya, mu kuma mu huta.

Wannan ya sha bamban da abin da wasu ɗalibai ke yi yanzu. A ajinmu an taɓa janye wa wani yaro kujera yana shirin zama. Aji ya yi shewa, shi kuwa ya bugu a ƙugu, jarrabawar zangon nan a kwance ta same shi. Yau har da waya ake ɗauka a yaɗa.

Idan kana da baiwar barkwanci, shiga ƙungiyar wasan kwaikwayo ta makarantarku. Koyi faɗuwar da ba ta jin ciwo, ka gwada ta sau ashirin a kan yashi. Wanda bai san da wasan ba kuwa, bar masa kujerarsa.