Samanja Mazan Fama da Hausar Bariki

Daga cikin mutanen da suka raya wasan kwaikwayo na barkwanci a gidajen rediyo da talabijin na Arewacin Nijeriya, babu wanda nake yawan ambata a darasin harshe kamar Alhaji Usman Baba Pategi, wanda jama'a suka fi sani da Samanja Mazan Fama. Sau da yawa ɗalibai kan yi mamaki, domin a ganinsu wurin ɗan wasan barkwanci shi ne darasin adabi, in ma ya sami wuri ke nan. Ni kuwa a ganina, duk mai son ya fahimci yadda Hausa take rayuwa a bakin waɗanda ba su tsotse ta a nono ba, to ya saurari Samanja.

An haife shi a shekarar 1942 a garin Pategi da ke gaɓar kogin Kwara, cikin Jihar Kwara ta yanzu. Banufe ne, kuma ɗan gidan sarautar Etsu Pategi. Ya zo Kaduna yana saurayi, ya yi aiki a gidan rediyon Jihar Arewa, wanda ya fara watsa shirye-shirye a 1962. Daga nan ya shiga aikin soja a zamanin yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970. Wannan zama da ya yi a bariki shi ne jarin da ya ci riba da shi har ƙarshen rayuwarsa. A can ya ga yadda samanja yake, wato hafsan nan da ke gaba da saje, wanda ƙananan sojoji ke rawar jiki in sun ji muryarsa a filin fareti, alhali shi ma ƙamewa yake yi in kyaftin ko manjo ya gifta. Mutum ne da ke tsaye a tsakiya, ana taka shi daga sama, shi kuma yana taka na ƙasa. Wanda ya gane wannan matsayi ya gane rabin abin dariyar da ke cikin shirin.

Ragowar rabin yana cikin harshe. A zamanin Turawan mulkin mallaka, Hausa ce harshen da ake magana da shi a rundunar soja, saboda ita ce ta haɗa Batibi da Banufe da Babarbare da mutanen tsaunukan Filato a ƙarƙashin umarni ɗaya. Daga wannan cuɗanya aka sami abin da masana ke kira Barikanci. A cikinsa jinsi kan rikice, a ce "matata ya zo". Baƙaƙe masu lanƙwasa kan miƙe, "ƙafa" ta koma "kafa", "ɗaki" ya koma "daki". Sannan a barbaɗa kalmomin Ingilishi da na buroka yadda aka ga dama. Ta wannan ƙofa ce kalmomi irin su kofur da saje da kanar da fareti da ita kanta bariki suka shigo, har suka zauna daram a Hausa. Samanja ya ɗauki wannan harshe ya mayar da shi kayan aiki. Ya san inda zai karya magana, ya san inda zai yi tsawa da Turanci don ya nuna isa, ya kuma san inda zai sassauta murya in ya shiga gida wurin matarsa Bariki, inda muƙami ba ya aiki. Haka nan Mutuwa Dole, ƙaramin sojan nan da ke shan faɗa kullum, yakan fito da wautar maigidan nasa ba tare da ya ce masa uffan na rashin ladabi ba.

Ya kamata mai karatu ya lura da lokacin da ake wannan wasa. Sojoji sun riƙe mulkin ƙasar nan daga 1966 zuwa 1979, suka sake dawowa daga ƙarshen 1983 har zuwa 1999. An kafa hukumar talabijin ta ƙasa, NTA, a 1977, kuma ta tasharta ta Kaduna ce shirin ya shiga gidaje da dandalin kallo. Ke nan a daidai lokacin da farar hula ke sauka daga hanya in ya hango kaki, sai ga shi da daddare yana zaune yana ƙyalƙyala dariya a kan mai kaki. Ban ɗauki wannan a matsayin tawaye ba, don kuwa Samanja soja ne mai ƙaunar aikinsa, kuma shirin yakan koyar da ɗa'a da biyayya. Amma ya nuna wa talaka cewa wannan mai tsawa shi ma yana da bashi, yana da surukai, albashinsa kan ƙare kafin wata ya mutu. Tsoro yakan ragu in ka ga abin tsoron yana neman rance.

Akwai wani ƙorafi da nakan ji daga wasu abokan aiki, cewa irin waɗannan shirye-shirye suna ɓata wa yara Hausa. Ban yarda ba. Yaron da ya yi dariya don an ce "yarinya ya tafi" ya riga ya san ƙa'idar jinsi, in ba haka ba me zai ba shi dariya? Abin da ya rage wa malami shi ne ya sa masa sunan abin da ya sani. Na sha rubuta jimlolin Barikanci biyar a allo, in ce a mayar da su daidaitacciyar Hausa, a kuma faɗi abin da aka gyara. Darasin jinsi da na baƙaƙe masu lanƙwasa bai taɓa shiga da sauri kamar a irin wannan rana ba. Sai dai da sharaɗi. Yawancinku za a tura ku makarantun da ajin ya haɗa 'ya'yan ƙabilu da dama, kuma wani yaron Hausar da yake ji a gida ke nan. In malami ya bari dariyar ta koma kan wannan yaro, to ya yi ɓarnar da Samanja bai taɓa yi ba, domin shi kansa yake sa wa a gaba a yi wa dariya.

Littattafan wasan kwaikwayo da muke karantarwa, irin su Jatau Na Kyallu na Shu'aibu Maƙarfi da Zaman Duniya Iyawa Ne na Yusuf Ladan, da rediyo suke da asali, aka yi sa'a suka shiga takarda. Akasarin wasannin talabijin na wancan zamani kuwa ba a rubuta su kalma bayan kalma ba. Mai tsara shiri yakan shimfiɗa ƙashin labarin, a tattauna, 'yan wasa su tufatar da shi da maganar bakinsu a gaban na'urar ɗaukar hoto. Saboda haka hikimar Samanja tana cikin faifai da ƙwaƙwalwar waɗanda suka kalla. Ya rasu a Kaduna ranar 12 ga Nuwamba, 2023, yana da shekara 81. Ɗalibin da ke neman abin da zai yi kundin kammala karatu a kai, ya nemi shiri ɗaya tak daga cikinsu, ya zauna ya juye shi a rubuce yadda aka furta shi, kada ya gyara ko da wasali ɗaya.