Bayan Tafi Ya Lafa

Mu mutanen Gashuwa mun san cewa ƙaton kifin da ya ci kyauta a bikin Gogaram ba ya ciyar da gida shekara. Ana gane masunci ne a ranakun da babu ganga babu 'yan kallo. Da wannan ma'auni muke auna Agnes Carlsson, mawaƙiyar ƙasar Suwidin, wadda ta lashe gasar Idol a 2005 tana 'yar shekara 17. Ba ta naɗe hannu ba. Ta sauya kamfani, ta fitar da Release Me a 2008, waƙar da ta kai mataki na 3 a Ingila a 2009. Mu kuwa, ɗalibanmu nawa ne suka ci gasar rubutacciyar waƙa, tun ranar karɓar kyauta ba mu ƙara ganin baiti ɗaya daga alƙalaminsu ba?