Bangon Yasore da Sunan Magini

Duk wanda zai je Yasore, a yankin Batsari da Safana, ya riƙa kallon bango tun daga hanya. Mu dai abin da muka yi ke nan, mu 'yan jami'a da muka dawo hutu, bayan mun kalli wani fim na tarihin Diego Rivera, mai zanen bango ɗan ƙasar Meziko da ya rayu daga 1886 zuwa 1957. Gwamnati ce ta ba shi bangon fadar ƙasarsu, ya zana tarihin al'ummarsa daga 1929 zuwa 1935, ta yadda wanda bai iya karatu ba ma zai gane.

To, a nan yammacin Katsina ba mutane ake zanawa ba. Magini kan ɗora tubali, ya yi yaɓe, sannan tun ƙasar tana ɗanya ya fitar da dagi ko takobi a goshin zaure, ya tsayar da zankwaye a bisa soro. Sai a shafe da makuba, wadda ake samu daga ɓawon ɗorawa, don kada ruwan damina ya zaizaye aikin. A Zariya ma har keke da agogo ake zanawa, kowa ya san maigidan ya samu.

Abin da ya dame mu shi ne suna. Rivera yana da fim da littattafai. Mu kuwa, in ka cire Babban Gwani Muhammadu Durugu, wanda ya gina masallacin Juma'ar Zariya a zamanin Sarki Abdulkarimu, magina nawa za ku iya lissafawa? Ga shi bangon ƙasa ba ya jira. Bulo da kwano sun shigo, kuma ba mu ga laifin mai neman ɗakin da ba ya yoyo ba. Matsalar tsaro a ƙauyukan bakin dajin Rugu ita ma ta raba mutane da yawa da gidajensu, gidan da ba a yi wa yaɓe ba kuwa damina kaɗan ke kayar da shi.

Ƙannenmu na sakandare, idan akwai tsohon zaure a unguwarku, ku nemi izinin maigida ku ɗauki hotonsa da waya. Ku tambayi dattawa wane ne ya gina shi, a zamanin wane hakimi, ku rubuta a bayan littafinku.