Inuwar Giginya a Kambodiya

Masu iya magana sun ce tafiya mabuɗin ilimi, amma ba su gaya mana cewa wani ilimin kan hana mai shi barci ba. Mu huɗu ne, dukkanmu malaman adabi, muka halarci wani taro na manazarta adabin baka a birnin Bankok na ƙasar Tailan cikin watan Disamba. Da taro ya watse sai muka ga muna da rarar kwana biyu kafin jirginmu ya tashi, saboda haka muka yanke shawarar tsallakawa Kambodiya, maƙwabciyar Tailan ta gabas, domin mu kashe kwarkwatar idanunmu. Muka sauka a garin Siyam Rif, muka ɗauki ɗan jagora na yini guda bisa sharaɗin cewa da safe zai nuna mana gine-ginen sarakuna, sauran yinin kuwa ya kai mu inda talakawa suke neman abincinsu.

Jagoran namu sa'anmu ne a shekaru, ɗan ƙabilar Kimer, wadda ita ce mafi rinjaye a ƙasar. Da ya ji sana'armu sai ya haɗa tafukan hannunsa a ƙirji ya ɗan rusuna, ya kira mu "lok kuru", wato malam, kuma da wannan suna ya yi ta kiranmu har faɗuwar rana. Abin hawanmu babur ne mai jan ɗan keke mai rumfa. Gari bai gama wayewa ba muka fara cin karo da sufayen addinin Budda, sanye da mayafai ruwan goro, kowanne rungume da ƙoƙonsa, mata kuma suna fitowa daga gidaje suna zuba musu dafaffiyar shinkafa. Jagora ya ce a gidajen ibadar waɗannan sufaye ne yaran ƙauye suke koyon karatu da rubutu tun zamanin kakanni, kuma a can ake adana littattafan da aka rubuta a kan ganyen wani irin kaba.

Ankor Wat, wanda hotonsa ke jikin tutar ƙasar, Sarki Suryabarman na Biyu ne ya gina shi a farkon rabin ƙarni na 12, kuma ko shakka babu ya isa a yi tattaki dominsa. To amma abin da ya tsaya mana a rai yana can gaba kaɗan, a haikalin Bayon, wanda Sarki Jayabarman na Bakwai, da ya hau gadon mulki a 1181, ya gina a tsakiyar birninsa. Sauran baƙi sun ɗaga kai suna ɗaukar hoton manya-manyan fuskokin dutse da ke saman hasumiyoyi, sai jagoranmu ya ja mu zuwa bangon waje, ya ce mu dubi ƙasa. A sahun sama magina sun sassaƙa yaƙe-yaƙen sarki da giwaye da jiragen ruwa. A sahun ƙasa kuwa ga mace tana sayar da kifi a kasuwa, ga maza sun kewaye zakaru masu faɗa, ga wasu suna wani wasa mai kama da dara, ga mai naƙuda ana taimaka mata, ga amalanken shanu. "Lok kuru," in ji shi, "ku riƙe siffar wannan amalanke a zuciyarku, za ku sake ganinsa kafin azahar."

A nan ne ya ba mu labarin wani Basine mai suna Zhou Daguan, wanda ya zo birnin cikin tawagar jakadanci a 1296, ya zauna kusan shekara guda, ya kuma rubuta abin da ya gani. Daga cikin abin da ya ruwaito akwai cewa mata ne ke riƙe da kasuwanci, da kuma cewa mutanen birnin suna rubutu da farin alli a kan fatar da aka rina baƙa. Wannan batu ya sa muka dubi juna, domin kuwa duk rubuce-rubucen da aka yi a kan fata da ganye a zamanin Ankor, damina da gara da wuta sun cinye su. Abin da ya tsira shi ne wanda aka karta a jikin dutse, galibinsa kirarin sarakuna da lissafin dukiyar haikali. Waƙar da mai kifin nan take rerawa ɗanta, dutse bai riƙe mana ko ɗango guda daga cikinta ba.

Daga nan muka nausa gabas zuwa ƙauyen Preya Dak, ta tsakiyar gonakin shinkafa da ake cikin girbinsu. Alƙawarin jagora ya cika, don mun wuce amalanken shanu kamar an ciro shi daga bangon Bayon. Sai dai abin da ya fi ba mu mamaki shi ne itatuwan da suka yi jeri a bakin gonaki. Wani daga cikinmu ya ce, "Kai, wannan ai giginya ce!" Lalle kuwa 'yar'uwar giginyarmu ce, danginsu ɗaya, su suna kiranta "tinot". Mu muna cin 'ya'yanta da muruci, mu yi azara da gangar jikinta, su kuwa sukari suke samu daga gare ta. Magidanci kan ɗaure doguwar gora mai guntayen rassa a jikin itacen ta zama tsani, ya hau safe da yamma, ya yanki bakin furen, ya rataya bututun gora ruwan ya riƙa ɗiga a ciki. Matarsa kuma ta zuba ruwan a faffaɗan kasko ta yi ta juyawa a kan wuta na tsawon sa'o'i, har ya yi kauri ya daskare kamar mazarƙwaila.

Wata tsohuwa, kanta naɗe da krama, wato ƙyallen nan mai gida-gida da suke rufe kai da shi, su goya yaro, su share gumi, ta miƙo mana ɗanɗano. Jagora ya kira ta "yey", wato kaka. Ta kuma buɗe mana wani tulu na prahok, kifin da aka cuɗa da gishiri aka bar shi ya tsima watanni. Warinsa ya sa muka ja da baya, ita kuwa ta yi ta dariya, mu ma da muka tuna da daddawar iyayenmu sai kunya ta kama mu. A duk tsawon lokacin da mai hawan giginya yake sama, mun lura jagoranmu ya juya masa baya, ya ƙi ɗaga kai. Muka ɗauka tsoron tsawo ne, ba mu ce masa komai ba.

Da rana ta yi tsaka ya mayar da mu gari, ya kai mu unguwar Musulmi 'yan ƙabilar Cam, inda muka sallaci azahar muka ci abinci hankali kwance. Daga can muka kama hanyar kudu maso gabas zuwa Kampong Fuluk, ƙauyen masunta a bakin tafkin Tonle Saf. Gidajen ƙauyen a kan dogayen dirkoki suke, wasu sun haura mita 6, kuma dalilin haka abin al'ajabi ne. Idan damina ta sauka kogin Mekong ya cika, sai ya tura ruwa baya ta cikin kogin da ya haɗa shi da tafkin, kogin ya juya yana gudu sama, tafkin ya kumbura ya ninka faɗinsa kamar sau biyar. Idan damina ta ɗauke sai kogin ya koma hanyarsa, ruwa ya janye ya bar kifi da taki. Mai tuƙa jirginmu ya koka cewa tun da aka yawaita madatsun ruwa a saman Mekong, a Sin da Lawos, cikar ba ta kai ta da, kifin ma ya ragu.

Muna tsakiyar tafki, rana ta yi ja, sai jagora ya sa aka kashe inji. Ya dube mu ɗaya bayan ɗaya, uku daga cikinmu sanye da tabarau, ya ce cikin murmushi, "Lok kuru, da a 1975 kuka zo, da babu wanda zai koma gida a cikinku." A ranar 17 ga Afrilu na wannan shekara ne dakarun Jajayen Kimer, ƙarƙashin Pol Pot, suka kama Funom Fen, babban birnin ƙasar. Suka kori mutanen birane zuwa gonaki, suka soke kuɗi da kasuwa da makaranta da addini. Aka tuɓe sufaye, aka rusa masallatai, aka tilasta wa Musulmin Cam cin naman alade. Zama malami ko likita, ko jin Faransanci, ko sanya tabarau ma, ya isa ya jawo wa mutum ajalinsa. Kafin sojojin Biyetnam su kore su a ranar 7 ga Janairun 1979, mutane tsakanin miliyan ɗaya da rabi zuwa miliyan biyu sun halaka ta hanyar kisa da yunwa da cuta, wato kusan kashi ɗaya cikin huɗu na al'ummar ƙasar.

Mahaifinsa, in ji shi, malamin firamare ne. Da aka zo tantance mutane sai ya ce shi mai hawan giginya ne. Suka duba tafin hannunsa ba su ga kanta ba, sai suka kai shi gindin giginya suka ce ya hau. Bai kai rabi ba ya sauko. A daren suka tafi da shi, lokacin jagoranmu yana goye a bayan uwarsa. Babu wanda ya iya cewa uffan a cikinmu, sai ƙarar ruwa a jikin jirgi.

Uwar tasa ba ta san ko baƙi ɗaya ba, kuma rashin sanin ne ya tsirar da ita. Daga bakinta ya ji labarin Riyamke, wato siffar da Kimer suka ba wa tsohon labarin Ramayana na Indiya, da tatsuniyoyin zomo mai wayo wanda ya yi kama da Gizonmu, da waƙoƙin raino. Sannan ya ciro wayarsa ya kunna mana muryar Kong Nay, makahon mawaƙin nan mai kaɗa capei, wani abin kiɗa mai dogon wuya ɗan'uwan gurmi, wanda ya tsallake wancan zamani da waƙoƙinsa a ka, ya rayu har 2024. Ba mu ji ko kalma guda ba, amma mun gane salon, domin mawaƙi ne mai tsara baiti nan take, yana zambo yana gargaɗi yana ba da dariya.

A daren nan barci ya ƙaurace mana. Mun shafe shekaru muna koya wa ɗalibai cewa rubutu shi ne ma'ajiyar adabi, baki kuwa rariya ne. Ga shi mun ga ƙasar da aka ƙona littattafanta aka kashe malamanta cikin ƙasa da shekara huɗu, sai tsofaffin mata da makafi suka ɗauko abin da ya saura a kawunansu suka miƙa wa 'yan baya. Mun kuma ga a Bayon abin da ke salwanta idan ba a rubuta ba. Ashe kowanne daga cikin biyun yana buƙatar ɗan'uwansa, mu kuwa da muka iya riƙe alƙalami, mun fi sanin abin da Turawa suka rubuta game da tatsuniya fiye da tatsuniyoyin da ke bakin gwaggonninmu.

Hausawa kan ce inuwar giginya na nesa ka sha. Mu ne na nesan da muka sha inuwar giginyar Kambodiya, alhali tamu tana nan a ƙofar gida muna wuce ta kullum. Saboda haka, ya kai ɗalibi mai karatu, idan an yi hutu ka isa gida lafiya, ka ɗauki littafi da alƙalami da na'urar ɗaukar magana, ka shimfiɗa tabarma a ɗakin kakarka bayan sallar isha'i, ka ce ta ba ka gatanan. Mu ma mun ɗaukar wa kanmu wannan alƙawari, kuma da wata gwaggonmu da ta haura shekara tamanin za mu fara, idan Allah ya sa muka iske ta.