Gubar Da Ba Ta Da Wari

Yau ina so in taɓa wata magana wadda wasu za su ce ba ta shafi mutumin Zandam ba, wato tashar wutar nukiliya.

Gaskiya ne har yanzu Nijeriya ba ta da irin wannan tasha. Abin da muke da shi sai wata 'yar na'ura ta bincike a Jami'ar Ahmadu Bello, Zariya, wadda ta fara aiki a 2004 da ƙarfin kamar kilowat 30 kacal. Amma an daɗe ana ambaton Geregu ta Jihar Kogi da Itu ta Akwa Ibom a matsayin wuraren da za a gina manya. To, idan an gina, ranar da abu ya ɓaci fa?

Ranar 26 ga Afrilu 1986 tashar Carnobil ta fashe a Yukiren. Ba a kwashe mutanen garin Piripiyat da ke kusa ba sai bayan kamar awa 36, aka kuma ce musu kwana uku za su yi su dawo. Ba su koma ba. Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne zancen madara. Gubar ta sauka a kan ciyawa, shanu suka ci, yara suka sha madara, daga baya dubbansu suka kamu da sankarar maƙogwaro. Alhali kuwa da an hana shan madarar, an raba maganin aidin da wuri kamar yadda Poland ta yi wa miliyoyin yaranta, da abin ya zo da sauƙi. Mu da fura da nono ne abincinmu, sai mu duba.

Ni a ganina, shirin da ke kulle cikin ofis a Abuja ba shiri ba ne. A Oktoban 2024 tankar mai ta faɗi a Majiya, nan Jiharmu, jama'a suka ruga ɗibar fetur, wuta ta tashi, fiye da mutum 150 suka rasu. Shi fetur ana ganinsa, ana jin warinsa. Ita wannan guba kuwa ba launi, ba wari, iska kuma ba ta san iyakar jiha ba.

Saboda haka kafin a aza tubali ɗaya, ina so a gaya mana wa zai sanar da dagaci, wa zai sa mai shela ya zaga gari, kuma wa zai bi ruga-ruga ya ce da Fulatanci kada a tatsi nono.