Ziguinchor, Garin da Bai Tashi Daga Zaman Makoki Ba

Mutumin Birnin Kudu bai san teku ba. Babban ruwan da na sani shi ne kogin Gwaram idan ya kawo a watan Agusta, shi ma daga gaɓa nake gaishe shi. Don haka da aka ce mini kwana ake yi a jirgin ruwa daga Dakar zuwa Ziguinchor, a kudancin Senegal, sai da na sake alwala. Abokan tafiya a jirgin Aline Sitoé Diatta suka sha barcinsu, ni kuwa na kwana ido biyu ina gadin rigar ceto.

A wannan hanya ce jirgin Le Joola ya kife a daren 26 ga Satumba 2002, daura da gaɓar Gambiya. Mutum 580 aka ƙayyade masa, amma aka loda masa kusan 2,000, cikinsu da ɗalibai masu komawa makaranta da mata 'yan kasuwa. Gwamnati ta ƙidaya mamata 1,863, fiye da na Titanic. Mutum 64 kacal suka tsira, kuma masunta ne a kwalekwale suka fara kai musu ɗauki, agajin hukuma sai da rana ta take. A 2003 aka rufe shari'a, aka ɗora laifin kan kyaftin ɗin jirgin, wanda shi ma ruwan ya ci.

Abin da ya ɗaure mini kai shi ne iyalan mamatan. Sun kafa ƙungiyoyi, kuma duk 26 ga Satumba suna taruwa a maƙabartar Kantène da ta Mbao, liman ya yi addu'a, fada ya yi tasa. Yaran da aka bari a goye yanzu sun yi gemu, su ne ke riƙe da hotunan iyayensu. Nacinsu ne ya sa aka buɗe gidan tarihi a bakin kogin Casamance a Janairun 2024. Har yau suna neman a tsamo jirgin, wanda ke kwance a zurfin kimanin mita 20 da sauran gawarwaki a cikinsa.

Da farko na ce a raina, ina tawakkalinsu? Mu a gida, daga addu'ar uku sai ta bakwai sai ta arba'in, a ce kwana ne ya ƙare, a raɗa wa jariri sunan mamacin, shi ke nan. Amma wata dattijuwa da na gaisar, wadda ƙaninta ke cikin jirgin, carbi ne a hannunta, kuma ta fi ni ambaton Allah. Ta yarda da ƙaddara, ba ta dai yarda cewa lodin ganganci ba shi da mai shi ba.

Nan na tuna kwalekwalen da ya kife a Bagwai ta jihar Kano a Nuwamban 2021, da 'yan Islamiyya masu zuwa Mauludi. Na yi jimami a lokacin, amma yau ko sunan yaro ɗaya ba zan iya kawowa ba. Jama'ar Gwaram da Birnin Kudu, duk gidan da ruwa ya taɓa yi wa ɓarna, a rubuta sunan mamacin, da ranar, da yawan mutanen da aka loda, a miƙa wa 'ya'ya su ajiye.